Harsashi Mai Ajiye Ƙarfi: Ta Yaya Gidan Almara Zai Sauya Siffa Bai Rushe Ba?

Tambaya: Malam, ina rubuta labarin almara ne game da wani birni da gidajensa ke sauya siffa. Da rana soro ya miƙe sama, da dare ya durƙusa, ɗakuna su juya su bai wa iska baya. Na ce a harsashin gidajen ake ajiye ƙarfin da ke motsa su. Ta yaya zan tsara abin har mai karatu ya gamsu?

Amsa: Malama, bari mu fara da lissafi, domin zai ba ki mamaki. A ce ɗaki ɗaya nauyinsa tan 50 ne, kina so ki ɗaga shi sama mita 10. Ƙarfin da ake buƙata bai kai yunit ɗaya da rabi na mitar wutar gida ba, wato kwatankwacin abin da dutsen guga zai sha cikin awa ɗaya da 'yan mintoci. Ashe yawan ƙarfin ba shi ne matsala ba. Matsalar tana wajen sauri. In ɗakin zai tashi a hankali tun daga Azahar har Magariba, ƙaramin inji ya wadatar. In kuwa cikin daƙiƙa 10 kike so, sai an saki wajen kilowat 500 lokaci guda, irin na babban janaretan masana'anta. Don haka harsashinki ya zama kamar randa mai faffaɗan baki: a cika ta da ɗigo, a juye ta gaba ɗaya.

An taɓa gina irin wannan a zahiri. Gadar Tower da ke Landan, wadda aka buɗe a 1894, a wancan zamanin injin tururi ne ke tura ruwa ya ɗaga wasu manyan nauyaya guda shida, su tsaya a sama suna jira. Jirgin ruwa na zuwa, sai a bar nauyin ya danno ruwan, ruwan ya ɗaga fikafikan gadar. Nauyi ne kawai da aka rataye, amma ya zama rumbun ƙarfi.

In da ni ne ke rubutun, jigo zan ɗauka. Duk wanda ya ga mai lambu a fadama yana ban ruwa da jigo ya san sirrin: curin laka a gindin sanda, guga a ɗaya bakin, da ɗan taɓawa sai ruwa ya hau. A Sikotland akwai wata ƙatuwar na'ura a Falkirk, tun 2002 take ɗaga kwale-kwale mita 24 daga wannan mashigar ruwa zuwa wancan, kuma juyi ɗaya yunit ɗaya da rabi kacal yake ci, saboda ƙwarya biyun da ke ɗauke da ruwa da kwale-kwalen nauyinsu ɗaya, wannan na sauka wancan na hawa. Ki ba kowane gida rijiya a ƙarƙashinsa, da dutse rataye a ciki. Soro ya tashi, dutse ya nutse. Kin ga nan take labari ya samu doka: ba abin da zai hau sai wani abu ya sauka. Kina iya ma haɗa unguwa biyu a kan jigo ɗaya, fadar sarki ba ta ɗaguwa sai gidajen talakawa sun durƙusa. Wannan kaɗai ya isa ya haifi rikicin littafi sukutum.

Harsashin da shi kansa batir ne ma ba mafarki ba ne zalla. A 2023 masu bincike a jami'ar MIT ta Amurka sun cuɗa siminti da ruwa da baƙin garin gawayi mai laushi kamar kunkunniya, suka sami kankare mai riƙe lantarki. A ƙiyasinsu, curin kankare mai girman kubik mita 45 zai ajiye wajen yunit 10. Sai dai gwargwadon yawan baƙin garin, gwargwadon raunin kankaren. Ki riƙe wannan da kyau: gidan da ya fi kowa ajiyar ƙarfi shi ya fi kowa saurin tsagewa.

To, ga inda marubuta kan yi tuntuɓe. Aikin harsashi na farko shi ne ya zauna daram ya raba nauyi a kan ƙasa. Gini na sauya siffa, nauyinsa na ƙaura, yau ya danne gabas, gobe yamma, ƙasa kuma ba ta mantuwa, inda aka danne ta ba ta komawa yadda take. Hasumiyar Pisa ta Italiya ko motsi ba ta yi, amma tun ana cikin ginin ta ta fara karkata, don ƙasar gefe ɗaya ta fi taushi. Saboda haka birninki ya zauna a kan fa, wato shimfiɗaɗɗen dutse, ko kuwa kowane gida ya kasance yana da ginshiƙi ɗaya a tsakiya wanda ba ya motsi, sauran ɗakuna su riƙa kewaya shi.

Kada ki manta da ƙananan abubuwa, su ke sa a gaskata ƙarya mai daɗi. Ina indararo zai zuba ruwa in rufi ya juya? Wa ke shafa wa gaɓoɓin ginin man kaɗe, kuma me zai faru da su in hazon hunturu ya cika su da ƙura? Ki sa Sarkin Magina ya riƙa zagayawa da asuba yana kara kunne a bango. In ya ji igiyar rijiyar wani gida tana kuka, ya sa a fitar da mutanen gidan kafin rana ta take, a ɗaure ginin a siffar da ya kwana, ko da kuwa ƙofarsa tana can sama sai da tsani.