Filin Tambaya da Amsa: Mene ne haɗin falsafar harshe da ilimin siyasa?

TAMBAYA: Assalamu alaikum Malam. Ni ɗaliba ce a sashen kimiyyar siyasa, kuma a wannan zangon karatu an sa mana darasin da ya shigo da falsafar harshe. A fahimtata, binciken ma'anar magana aikin malaman nahawu ne, ita kuwa siyasa batun mulki ce da dukiya da ƙarfi. A ina fannonin biyu suka haɗu? Daga wata mai karatu a Gombe.

AMSA: Wa alaikumus salam, 'yar uwa. Sun haɗu ne a wurin da magana take zama aiki, domin akwai zantukan da ba labari suke bayarwa ba, su da kansu suke samar da abin da suka ambata. Ki duba ɗaurin aure a ƙofar gida: waliyyin amarya ya ce ya bayar, wakilin ango ya ce ya karɓa, an ambaci sadaki a gaban shaidu, an shafa fatiha, an raba goro da alewa. Babu abin da ya canja a jikin amaryar, wadda galibi tana can cikin gida tare da ƙawayenta, amma daga wannan lokaci ta zama matar aure mai haƙƙin gado, kuma an haramta wa wani neman aurenta.

Wani malamin falsafa na Jami'ar Oxford, J. L. Austin, shi ne ya yi fice wajen bayyana wannan a laccocin da ya gabatar a Jami'ar Harvard a 1955, waɗanda aka buga a 1962 bayan rasuwarsa. Ya ce irin wannan zance ba a auna shi da gaskiya ko ƙarya, ana dai tambaya ne ko ya ɗauru ko bai ɗauru ba, kuma ba ya ɗauruwa sai wanda ya cancanta ya furta shi, a inda ya dace, bisa ƙa'idar da jama'a suka sani. Wanda ya karanta balaga, wato ilimin fasahar zancen Larabci, a zaure ba zai ji wannan baƙo ba, domin malaman Larabci sun daɗe da raba zance zuwa habari, wanda ake iya gaskatawa ko ƙaryatawa, da insha'i, wanda ba a auna shi da gaskiya ko ƙarya, malaman fiƙihu kuma sun yi dogon bincike kan lafazin saki da na ciniki. Har ma sun fi Austin tsanani a wani wuri, tunda shi ya ware maganar wasa gefe, su kuwa sun riƙe hadisin da ya nuna cewa aure da saki da kome ba a wasa da su.

Siyasa tana shigowa ne a kan sharaɗin cancanta. A ranar 16 ga Afrilu, 2023, kwamishinan hukumar zaɓe na jihar Adamawa, Hudu Yunusa-Ari, ya zauna gaban 'yan jarida ya bayyana Sanata Aishatu Binani a matsayin wadda ta lashe zaɓen gwamna, alhali ba a gama tattara sakamako ba. Nan take hedikwatar hukumar ta soke sanarwar, domin doka ta ba baturen zaɓe ne kaɗai ikon yin ta. Bayan kwana biyu baturen zaɓen ya bayyana Ahmadu Fintiri, kuma da wannan furuci ne ya sami wa'adi na biyu. Jimlolin biyu kusan iri ɗaya ne a nahawu, duka an faɗe su da Turanci ta lasifika, amma ɗaya ta naɗa gwamna, ɗayar ta jawo wa mai ita tuhuma. Nahawu ba zai iya bayyana wannan bambanci ba, sai an koma ga tambayar wa ke da iko da kuma wa ya ba shi, wadda ita ce tsohuwar tambayar ilimin siyasa.

John Searle, Ba'amurken da ya yi karatu a Oxford zamanin Austin, ya faɗaɗa batun a 1995, inda ya ce kuɗi da iyakar ƙasa da muƙami da mallakar fili duk suna tsaye ne a kan ayyanawa da amincewar jama'a. Mun ga haka da idonmu lokacin canjin kuɗi. Babban Bankin Najeriya ya ce tsofaffin takardun naira 200 da 500 da 1,000 za su daina aiki ranar 10 ga Fabrairu, 2023, sai ga mai kayan miya yana mayar wa mutum da tsohuwar takardar dubu ɗaya wadda jiya-jiya ya karɓa hannu bibbiyu. Abin lura shi ne, da Kotun Ƙoli ta yanke hukunci ranar 3 ga Maris cewa tsofaffin kuɗin za su ci gaba da aiki har ƙarshen shekara, 'yan kasuwa da yawa ba su saki jiki ba sai da Babban Bankin ya yi magana bayan kwana goma. A takarda babu muryar da ta ɗara ta kotun, amma a kasuwa mutane sun saurari wanda suka san shi ne zai karɓi kuɗin a hannunsu.

A nan ne masana suka rabu. Thomas Hobbes ya rubuta tun 1651 cewa alkawarin da babu takobi a bayansa magana ce kawai. Bafaranshe Pierre Bourdieu ya soki masu neman ƙarfin zance a cikin zancen kansa, yana cewa ƙarfin aro ne daga hukumar da ta tsayar da mai maganar. Shi kuwa Bajamushe Jürgen Habermas yana ganin duk wanda ya buɗe baki don a fahimce shi ya riga ya ɗauki nauyin kawo hujja idan an nema, don haka dokar da ta halatta ita ce wadda waɗanda za ta hau kansu za su iya amincewa da ita bayan muhawara ta gaskiya. A ganina Bourdieu ya fi kusa da abin da ke faruwa a zahiri, amma ba shi da ma'aunin da za a ce wannan iko na zalunci ne, wancan na adalci, kuma wannan ma'auni wurin Habermas ake samunsa.

Idan za ki rubuta jinga a kan darasin, ki duba sashe na 55 na tsarin mulkin 1999, wanda ya ce za a gudanar da harkokin Majalisar Tarayya da Turanci, da kuma Hausa da Igbo da Yarbanci idan an yi tanadin da ya dace. Har yau da Turanci ake muhawarar, da shi ake rubuta dokar, sa'annan a zartar da ita a kan manomin da bai taɓa jin lafazinta ba sai ta bakin tafinta a gaban alƙali.