Filin Tambaya da Amsa: Muhawarar ƙarfin rai da littattafan da suka yi bayaninta

Tambaya: Assalamu alaikum. Malam, littafinmu na kemistiri ya ce wani Bajamushe, Wöhler, ya haɗa yuriya a 1828, daga nan akidar bitalizim ta mutu. Mece ce akidar, kuma da gaske gwaji ɗaya ne ya kashe ta? Daga wata ɗaliba a Zariya.

Amsa: Wa'alaikumus salam, Malama. Bitalizim ra'ayi ne da ke cewa a jikin mai rai akwai wani ƙarfi na daban, wanda dokokin fiziks da kemistiri kaɗai ba za su iya bayaninsa ba. Likitoci ne suka fi riƙe shi, irin su Georg Stahl a Jamus da Paul-Joseph Barthez na makarantar likitanci ta Montpellier a Faransa, wanda ya fitar da littafinsa a 1778.

Abin da Friedrich Wöhler ya yi gaskiya ne. Gishirin amoniyam sayanet yake son haɗawa, da ya ƙafe ruwan sai ya tarar da ƙwayoyin yuriya, wato sinadarin da ke fita cikin fitsari, wanda manomanmu suka sani a buhun taki. Ya rubuta wa malaminsa Berzelius cewa ga shi ya yi yuriya ba da ƙodar mutum ko ta kare ba. Amma batun mutuwar akidar ƙari ne da marubutan baya suka yi. A wancan zamani daga kayan dabba, irin su busasshen jini da ƙaho, ake samo sayanet, don haka mai gardama yana da abin cewa. Abin da ya fi jan hankalin masana ma shi ne yadda abubuwa biyu masu sinadarai iri ɗaya, adadi ɗaya, suka bambanta a hali. Justus Liebig, abokin Wöhler na kud-da-kud, bai daina maganar ƙarfin rai ba har a littafinsa na 1842. Sai a 1845 Hermann Kolbe ya haɗa asid ɗin binega daga kayan da ba su taɓa shiga jikin mai rai ba.

Gwajin da ya fi yi wa akidar illa shi ne na Eduard Buchner a 1897. Louis Pasteur, masanin kimiyya Bafaranshe, ya dage cewa sukari ba ya zama barasa sai da yis mai rai. Buchner ya niƙa yis da yashi har ƙwayoyin suka fashe, ya matse da injin matsa, ya tace ruwan, ya zuba masa sukari don kada ya lalace. Ruwan ya fara kumfa. Ashe inzayim, wato sinadarin da ke cikin ƙwayar yis mai hanzarta sauyin, shi ne ke aikin, ko da ƙwayar ta mutu. Idan aka tafasa ruwan aikin yana tsayawa, domin zafi yana lalata inzayim. Ki rubuta wa malaminki amsar da ke littafi idan jarrabawa ta zo, amma ki san da sauran rina a kaba bayan 1828.

Tambaya: Ranka ya daɗe, na ji an ce Hans Driesch ƙwararren mai gwaji ne, amma ya ƙare yana koyar da falsafa. Me ya gani? Daga wani malamin sakandare a Katsina.

Amsa: Malam, sai mun fara da Wilhelm Roux. A 1888 ya ɗauki ƙwan kwaɗo da ya rabu gida biyu, ya soke ƙwaya ɗaya da allura mai zafi. Wadda ta rage ta girma ta zama rabin ɗan tayi. Roux ya ce to, ƙwai inji ne: tun rabuwar farko kowane ɓangare ya ɗauki kasonsa.

A 1891 Driesch ya gwada abin a ƙwan wata halittar teku mai ƙaya a jiki kamar bushiya. Shi bai soke komai ba. Ya sa ƙwayayen cikin kwalba da ruwan teku, ya girgiza da ƙarfi har ƙwayoyin biyu suka rabu. Hanyar tana da ɓarna, ƙwai da yawa suna lalacewa, sai daga baya abokinsa Curt Herbst ya gano cewa ruwan tekun da aka cire wa kalsiyam yana raba su cikin sauƙi. Driesch yana jiran rabin halitta, sai kowace ƙwaya ta ba shi cikakkiyar tsutsa, ƙarama dai amma ba abin da ya ɓace. Ko a matakin ƙwaya huɗu haka aka samu. Tambayarsa ita ce: wane inji za ka raba biyu, kowane rabi ya koma cikakken inji? Ya yanke cewa akwai wani mai tsara aikin wanda ba jiki ba ne, ya ari sunan entelekiya daga Aristotle ya sa masa.

Kuskuren Roux yana cikin hanyar gwajinsa. Ƙwayar da ya kashe tana nan manne da mai ran, mai ran kuma ta ci gaba kamar 'yar'uwarta na nan. A 1910 wani mai bincike, McClendon, ya zuƙe ɗayar gaba ɗaya, aka samu cikakken ɗan tayi. Shi kuwa Driesch, abin da ya gani daidai ne, fassararsa ce ta yi nisa. Sven Hörstadius ya nuna cewa a matakin ƙwaya takwas, idan ka raba ƙwan sama da ƙasa, rabin sama ba ya yin hanji, ƙwallo ne kawai mai gashi. Rabuwa biyu na farko daga sama zuwa ƙasa suke tsaga ƙwan, shi ya sa kowace ƙwaya ke samun kayan sama da na ƙasa. Ta uku kuwa a kwance take. Wato abin da ke tsara jikin sinadarai ne da ke jere a cikin ƙwan. A ganinmu nan ne akidar ta gaza: entelekiya ba ta gaya wa mai bincike gwajin da zai yi gobe, ba ta kuma faɗi dalilin da yanka a tsaye zai yi kyau, na kwance ya ɓaci.

Tambaya: Da wane littafi zan fara? Na fi jin Faransanci a kan Turanci. Daga wani mai karatu a Maraɗi.

Amsa: Ka yi dace, Malam, domin manyan littattafan wannan fanni da Faransanci aka rubuta su. Fara da La logique du vivant na François Jacob, na 1970. Tarihin yadda aka fahimci gado ne tun daga ƙarni na 16, marubucin kuma mai gwaji ne da ya ci kyautar Nobel a 1965. Bayan shi ka ɗauki La connaissance de la vie na Georges Canguilhem, na 1952, ka je kai tsaye babin da ya yi a kan bitalizim. Canguilhem likita ne kuma masanin falsafa, ya fi kowa yi wa masu akidar adalci: a wurinsa sun fi ƙarfi wajen nuna gazawar masu cewa jiki inji ne, fiye da wajen kawo nasu bayanin. Rubutunsa a dunƙule yake, shafi kaɗan a zama ɗaya ya isa.

Kada ka fara da Henri Bergson. L'Évolution créatrice na 1907 yana da daɗin karatu, kuma nan hatsarin yake, mutum yakan gama shi yana jin ya fahimci rai alhali bai san gwaji ko ɗaya ba. Claude Bernard ya fi amfani a farko. Littafinsa na 1865 kan likitancin gwaji yana nuna yadda za ka yarda cewa mai rai na da tsari nasa, ba tare da ka ƙirƙiro wani ɓoyayyen ƙarfi ba.

Ga masu Turanci, The Growth of Biological Thought na Ernst Mayr, na 1982, ya doshi shafi dubu, kuma ya fi karkata ga rabe-raben halittu da juyin halitta da gado. A karanta babobin farko, sauran a riƙa komawa gare su. Shi kansa Driesch yana da The History and Theory of Vitalism, fassarar 1914, amma tarihi ne da mai ƙara ya rubuta: kusan kowa a ciki ana auna shi ne da yadda ya kusanci Driesch. A haɗa shi da The Mechanistic Conception of Life na Jacques Loeb, na 1912, don a ji ɗaya ɓangaren. Duk su biyun tsofaffi ne, ana samunsu kyauta a intanet, sai dai a duba shafin farko a tabbatar da shekarar bugu da sunan mai fassara, domin wasu kwafin da aka sake bugawa da araha cike suke da kurakuran na'ura.

Tambaya: Malam, ƙin yarda da bitalizim ba musun ruhi ba ne? Daga wani almajiri a Kano.

Amsa: Magana biyu ce daban, Malam. Bitalizim da'awa ce ta ɗakin gwaji, cewa narkewar abinci ko girman ɗan tayi ba za su bayyanu da sinadarai ba, kuma da gwaji aka amsa ta. Ruhi kuwa, aya ta 85 ta Suratul Isra'i ta ce yana daga al'amarin Ubangiji, ba wanda ya sa shi a kwalba. Abin da ya fi kusa da muhawarar a littattafan Larabci shi ne kason da Ibn Sina ya yi wa nafsu a cikin Kitabus Shifa, bisa tsarin Aristotle: ta tsiro mai ci da girma da haihuwa, ta dabba mai ji da motsi, sai ta mutum mai hankali. Gwaje-gwajen Buchner da Driesch a kan aikin ta farkon suke.