Kashima Antlers da 'Yan Brazil: Zico Ne Ya Gina Ta Ko Wani Ɗan Wasan Gaba?

Tambaya: Assalamu alaikum. A gidan kallo aka yi ta gardama, wani ya ce kulob ɗin Japan ɗin nan da ya kusa kayar da Real Madrid a 2016, wani ɗan wasan gaba ne daga Brazil ya gina shi tun daga tushe. Wasu suka ce Zico ne, wasu suka ce ai Zico ba ɗan wasan gaba ba ne. Don Allah ina son tarihin kulob ɗin, da kuma gaskiyar wannan magana. Daga wani mai karatu a Zariya.

Amsa: Wa alaikumus salam, Malam. Kulob ɗin da kake nufi shi ne Kashima Antlers, kuma kowane ɓangare a gardamar taku ya riƙe rabin gaskiya. Mutum biyu ne aka haɗe a labari ɗaya. Wanda ya gina kulob ɗin Zico ne, amma shi lamba goma ne, mai tsara wasa daga tsakiya. Ɗan wasan gaban da ya riƙa zura ƙwallayen a shekarun farko sunansa Alcindo Sartori, kuma Zico ne ya jawo shi.

Asalin kulob ɗin ƙungiyar ma'aikatan kamfanin ƙarafa ce, Sumitomo Metal, wadda aka kafa a Osaka a 1947. A 1975 aka mayar da ita Kashima da ke lardin Ibaraki, a bakin teku gabas da Tokyo, inda kamfanin yake da babbar masana'anta. A wancan zamani haka ƙwallon Japan take: kowane babban kamfani da ƙungiyarsa, 'yan wasa ma'aikata ne masu karɓar albashi, su yi aiki sannan su fita atisaye. Sumitomo ba ta cikin manya. Ta fi daɗewa a rukuni na biyu, kuma a can take sa'ad da aka fara shirin kafa gasar ƙwararru ta J.League.

Da suka nemi a sa su cikin ƙungiyoyi goma na farko, Saburo Kawabuchi, wanda ya zama shugaban gasar na farko, ya faɗa musu cewa kashi 99.9999 cikin ɗari ba zai yiwu ba. Ba raini ne kawai ba, yana da hujja: ƙaramin gari ne mai mutane wajen dubu 45, ga ƙungiya a rukuni na biyu, ga ba filin wasa. Ya gindaya musu sharaɗin da ya ɗauka ba za su iya ba, wato su gina fili na ƙwallon ƙafa zalla, mai rufi a kan 'yan kallo, mai ɗaukar mutum dubu 15. Gwamnatin lardin Ibaraki ta ce ta ji ta gani. Aka gina, aka buɗe shi a 1993. Sunan kulob ɗin da tambarinsa mai ƙaho kuwa daga barewar wurin bautar Kashima aka ɗauko su, wadda mabiya Shinto, addinin gargajiyar Japan, suke girmamawa tun zamanin da.

Zico ya iso a 1991 yana da shekara 38. Ya riga ya bar buga wa Flamengo tun 1989, har ya riƙe muƙamin sakataren wasanni a gwamnatin Shugaban Brazil Fernando Collor. Mutumin da ya ɗaga kofin nahiyoyi a Tokyo a 1981, ranar da Flamengo ta lallasa Liverpool da ci 3 da nema, shi ne ya dawo Japan yana buga rukuni na biyu a gaban 'yan kallo ƙalilan. A kakarsa ta farko ya fi kowa cin ƙwallo a rukunin. Amma ni a ganina ba ƙwallayen ne abin dubawa ba. Ya tarar da yara masu ladabi da ƙoƙari waɗanda shan kaye ba ya damun su, domin ko an ci ko ba a ci ba albashi na nan. Wannan halin shi ya yaƙa. Tsofaffin 'yan wasan suna ba da labarin yadda yake faɗa a kan takalman da aka watsar a ɗakin sauya kaya, da irin abincin da ake ci, da zuwa a makare. Ya matsa wa shugabanni a samar da filin atisaye na kirki da masu kula da lafiyar 'yan wasa. Ana dab da fara gasar, ƙungiyar ta je atisaye Italiya, tawagar ƙasar Kuroshiya ta zuba mata 8 da 1. Daga nan Zico, wanda a takarda ɗan wasa ne kawai a ƙarƙashin koci Masakatsu Miyamoto, ya shiga aikin tsara baya da tsakiya da kansa, mataki-mataki.

Ya kuma san shekarunsa. Mai shekara 40 da gwiwa mai ciwo ba zai yi gudun minti 90 sau biyu a mako ba, kuma a lokacin J.League tana buga wasa Laraba da Asabar, ba a kuma tashi canjaras, sai an yi ƙarin lokaci ko bugun fenareti. Yana bukatar matashi mai ƙarfi a gabansa. Shi ya sa aka ɗauko Alcindo, ɗan jihar Parana, haifaffen 1967, wanda suka buga tare a Flamengo kafin ya wuce Sao Paulo da Gremio. A Brazil ba a lissafa shi cikin manya. Ɗan wasa ne mai gudu, mai naci, mai bugun da babu tausayi, wanda ba ya jin kunyar komowa baya neman ƙwallo.

Ranar 16 ga Mayun 1993, kwana ɗaya da buɗe gasar, Kashima ta karɓi baƙuncin Nagoya Grampus, wadda ta ɗauko Gary Lineker na Ingila. Duk idon jama'a na kan Zico da Lineker. Aka tashi 5 da nema. Zico ya ci uku rigis, shi ne na farko da ya yi haka a tarihin gasar, Alcindo ya ci biyu. Ba a jima ba Zico ya ji rauni ya yi ta zaman jinya, nauyin ya koma kan Alcindo da 'yan Japan da Miyamoto ya taho da su daga ƙungiyar kamfanin Honda, irin su Hisashi Kurosaki da Yoshiyuki Hasegawa. Ƙungiyar da aka ce ba za ta ko shiga gasar ba ita ta lashe zangon farko, domin a lokacin zango biyu ake raba kaka, sannan zakarun zangunan su kara a wasan ƙarshe. Alcindo ya ƙare shekarar da ƙwallo 22, Ramon Diaz na Ajantina kaɗai ya fi shi. A 1994 ya ci 28. Ƙwallo 50 ke nan a kaka biyu. Lineker, don a kwatanta, guda 4 ya ci wa Nagoya a gasar cikin kaka biyun, saboda ciwon yatsan ƙafa da ya hana shi sakat.

Alcindo ya yi farin jini har a wajen fili. Yana da sanƙo a tsakar kai da doguwar suma a gefe, har Japanawa suka riƙa kamanta shi da kappa, wata halittar ruwa ta cikin tatsuniyoyinsu, wani kamfanin gashin kanti kuma ya sa shi a talla. Amma zamansa bai yi tsawo ba. A 1995 ya koma Verdy Kawasaki, babbar abokiyar hamayya. Saboda haka idan wani ya ce maka ɗan wasan gaba ne ya gina Kashima, ka ce masa ɗan wasan gaba ya ba ta nasarorin da suka sa garin ya yarda da ita, amma kaka biyu ba ta isa gina kulob ba.

Akwai kuma abin da masu yabon Zico ba su cika son ambata ba. A wasan ƙarshe na tantance zakaran 1993, wanda aka buga a Janairun 1994 da Verdy, alƙali ya ba da fenareti a kan Kashima. Zico ya je ya tofa wa ƙwallon yawu kafin Kazuyoshi Miura ya buga, aka kore shi daga fili, Verdy ta ɗauki kofin. Abin kunya ne, kuma ba na neman wanke shi. Sai dai yana nuna maka irin zafin ƙin shan kaye da ke cikin mutumin, wanda a wannan rana ya fi ƙarfinsa. A 1994 ya daina buga ƙwallo ba tare da ya ci kofin gasar ko sau ɗaya yana ɗan wasa ba.

Abin da ya bambanta Kashima da sauran ya fara ne bayan nan. Ƙungiyoyi da yawa sun sayo taurari a shekarun farko, taurarin suka karɓi kuɗi suka tafi, ba a ga abin da suka bari ba. Kashima ta riƙe hanya ɗaya ba ta sake ta ba. Zico ya dawo a 1996 a matsayin daraktan fasaha, kuma ta hannunsa aka riƙa samun 'yan Brazil na gaske. Leonardo ya zo a 1994 da kofin duniya a hannunsa, kafin ya wuce PSG da AC Milan. Jorginho, shi ma zakaran duniya na 1994, ya zo daga Bayern Munich ya zama gwarzon gasar a 1996, shekarar da Kashima ta ci kofinta na farko. Aka yi Mazinho a gaba, aka yi Bismarck a tsakiya. Masu horarwa ma galibi daga can suke. Toninho Cerezo, abokin Zico a tawagar Brazil ta 1982, ya haɗa kofuna uku na cikin gida a shekarar 2000, abin da ba a taɓa yi ba a zamanin J.League. Oswaldo de Oliveira ya ci gasar sau uku a jere, 2007 da 2008 da 2009. A wannan zango ɗan wasan gabansu wani ɗan Brazil ne, Marquinhos, wanda ya zama gwarzon gasar kuma mafi cin ƙwallo a 2008 da guda 21. Shi ne baƙon da ya fi kowa yawan ƙwallaye a tarihin babban rukunin Japan, 152, duk da cewa a ƙungiyoyi daban-daban ya tara su. Mai yiwuwa ma shi wani a cikinku yake nufi.

Kada kuma a ɗauka baƙi ne suka yi komai. Tsarin 4-4-2 da kulob ɗin ya daɗe a kansa ya ba shi damar ɗauko yara daga makarantun sakandare da jami'o'i yana saka su a gurbin da aka san aikinsa. Yutaka Akita, Mitsuo Ogasawara, Atsushi Yanagisawa, Atsuto Uchida da ya tafi Schalke, Yuya Osako, duk a nan suka girma. Ana tsokanar Kashima da cewa idan ta ci ɗaya ana saura minti biyar, sai ta kai ƙwallo kusurwa ta zauna a kanta. Magoya bayan wasu ƙungiyoyi suna jin haushin haka, ni kuwa ina ganin wayon Kudancin Amurka ne da ya samu gindin zama a Japan.

Me ya sa Brazil ba Turai ba? Dangantakar ta girmi ƙwallo. Tun 1908 jirgin ruwan Kasato Maru ya sauke Japanawa 'yan ci-rani na farko a tashar Santos don aikin gonakin kofi, kuma yau babu ƙasar da ta kai Brazil yawan masu tsatson Japan a wajen Japan. Ta wannan hanya 'yan ƙwallo suka fara ƙetarowa tun shekarun 1960, irin su Nelson Yoshimura, daga baya Ruy Ramos. Shi kansa Miura yana ɗan shekara 15 ya tafi Brazil koyon ƙwallo. Zico bai buɗe ƙofar ba, amma babu wanda ya kai girmansa cikin waɗanda suka shigo ta cikinta, har ya horar da tawagar ƙasar daga 2002 zuwa 2006, ya ci kofin Asiya a 2004.

Filin nasu ma ba baƙo ba ne a wajenmu. Bayan an faɗaɗa shi zuwa wajen mutum dubu 40 don gasar cin kofin duniya, a nan ne Ajantina ta doke Najeriya 1 da nema ranar 2 ga Yunin 2002, da ƙwallon da Batistuta ya sa da ka. A bakin filin akwai mutum-mutumin Zico, kuma kulob ɗin har yau yana riƙe da kalmomi uku da ya bar musu: aiki, amana da girmama juna.

Wasan da ya jawo gardamarku an yi shi ne a Yokohama ranar 18 ga Disamban 2016. Kashima ta shiga gasar kulob-kulob ta duniya a matsayin zakarar ƙasa mai masaukin baƙi, ta fitar da Auckland City, ta fitar da Mamelodi Sundowns ta Afirka ta Kudu, ta ci Atletico Nacional ta Kolombiya 3 da nema, ta zama ƙungiyar Asiya ta farko da ta kai wasan ƙarshe. Benzema ya fara ci, Gaku Shibasaki ya rama ya kuma ƙara, Ronaldo ya farke da fenareti, sai a ƙarin lokaci ya ci biyu aka tashi 4 da 2. Ka lura, kocin ranar ɗan Japan ne, Masatada Ishii, wanda ya buga tare da Zico tun zamanin Sumitomo, kuma duk 'yan wasa 11 da suka fara wasan 'yan Japan ne. Wannan a wajena ita ce hujja mafi ƙarfi a kan abin da Zico ya bari.

A 2018 Zico ya sake komowa kujerar daraktan fasaha, kuma a wannan shekara Kashima ta ci kofin zakarun Asiya karo na farko, ta doke Persepolis ta Iran 2 da nema a gida da ƙwallayen 'yan Brazil biyu, Leo Silva da Serginho, ta je Tehran ta riƙe canjaras. A 2019 kamfanin saye da sayarwa ta intanet, Mercari, ya sayi mafi yawan hannun jari daga kamfanin ƙarafan. An biyo da shekaru na fari, har aka gwada kocin Turai na farko, Rene Weiler ɗan Suwizalan, a 2022, bai ko ƙarasa kakar ba. Sai a 2025, a ƙarƙashin Toru Oniki, wanda shi ma tsohon ɗan wasansu ne, suka sake ɗaukar kofin gasar, na tara ke nan, fiye da kowace ƙungiya, kuma wanda ya fi cin ƙwallo a kakar ɗan wasan gabansu ne daga Brazil, Leo Ceara. Tun 1993 zuwa yau kulob ɗin bai taɓa faɗawa rukuni na biyu ba.