Amsa: Dattijuwa za ta samu gurbi a fim?

'Yar'uwa daga Daura, kin ce goggonki ta haura 50 tana son shiga fim, ko akwai gurbinta?

Akwai, har ya fi na da. A zamanin kaset dattijuwa kan fito sau biyu ko uku, uwa ko muguwar suruka, shi ke nan. Fina-finai masu dogon zango na Arewa24 da YouTube sun sauya lissafin: uwargida ko kaka kan riƙe labari wata da watanni.

Ta ɗauki bidiyon minti 2 da waya tana gwada wasan kwaikwayo don nuna wa masu shirya fim, da Hausarta ta Daura, kada ta ari ta Kano. Ta yi rajista da MOPPAN, ƙungiyar masu sana'ar fim, reshen Katsina. Idan a Kano za a ɗauki fim ɗin, ta nemi rajistar Hukumar Tace Fina-finai ta jihar.

Matsalar tana wajen kuɗi. A 2022 dattijuwar 'yar fim Ladin Cima ta shaida wa BBC Hausa cewa naira dubu 2 zuwa dubu 5 ake ba ta idan ta fito a fim. Saboda haka a rubuta komai tun kafin ɗauka: nawa ne kowace fitowa, wa ke biyan mota da masauki. "Za mu gani" ba yarjejeniya ba ce. Wanda ya nemi kuɗi kafin ya ba ta rol, ta rabu da shi. Yarjejeniyar dogon zango kuwa, lauya ya duba kafin ta sa hannu.