Aikin mai ɗaukar hoton fim ɗin gaskiya

Malam, ka tambaya ko ɗaukar fim ɗin gaskiya, wato fim na abin da ya faru a zahiri, sana'a ce da mutum zai rayu a kanta, da kuma abin da ya raba ta da ɗaukar wasan kwaikwayo. Sana'a ce, amma tana bukatar haƙuri, domin galibi kwangila ake yi fim bayan fim, kuma sunan darakta ne ke fita.

Babban bambancin shi ne ba a cewa a maimaita. Mai kyamara yana riƙe da ita a kafaɗa, yana aiki da hasken da ya tarar, kuma cikin ƙiftawar ido zai yanke shawarar fuskar da zai bi.

Dubi Kirsten Johnson, 'yar Amurka, wadda ta zauna a Senegal kafin ta yi karatun fim a makarantar La Fémis ta Faris. Tana cikin waɗanda suka ɗauki fim ɗin gaskiya mai suna Citizenfour, wanda ya ci kyautar Oscar a 2015. A 2016 ta tattara hotunan da ta ɗauka cikin shekara 25 ta haɗa fim ɗinta mai suna Cameraperson, inda ake ganin wata ungozoma a asibiti a Kano tana ƙoƙarin ceto jaririn da numfashinsa ya yi rauni. A ganina a irin wannan ɗaki ake gane gwani, domin sai ya san inda zai tsaya ba tare da ya tare hanya ba, ya kuma kiyaye mutuncin mai haihuwar.

Ka fara da zama mataimaki, ka koyi ɗaukar sauti tare da hoto, domin sau da yawa ayarin bai wuce mutum biyu ko uku ba.