Hukuncin ƙirƙiro ɗakin littattafan tsafi a cikin ƙagaggen labari

Tambaya: Assalamu alaikum. Allah ya gafarta Malam, ni marubuciya ce. A labarin da nake rubutawa na ƙirƙiro wani ɗakin karatu a ƙarƙashin ƙasa, inda matsafa ke adana littattafan tsafin inuwa da asiran da aka ɓoye wa jama'a. Wata ƙawata ta turo mini littafin asirai mai suna Shamsul Ma'arif a waya, ta ce in ɗebi hatimai da sunayen rauhanai daga ciki don labarin ya yi armashi. Ya halatta?

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. 'Yar'uwa, abu biyu kika haɗa, kuma hukuncinsu ba ɗaya ba ne.

Ƙirƙiro ɗakin da littattafansa babu laifi. Labarin da marubuci da mai karatu duka suka san ƙage ne ba ya shiga babin ƙarya. Makamatul Hariri, wanda mai shi ya rasu a shekara ta 516 bayan hijira, gaba ɗaya a kan wani ɗan damfara ne da aka ƙago, Abu Zaid, kuma har yau ana karanta shi a zaurukan malamai. Ambaton tsafi ma ba yin tsafi ba ne, Alƙur'ani ya ba da labarin masihirtan Fir'auna da igiyoyinsu da sandunansu. Sai dai ki kiyaye kada labarin ya nuna boka ya san gaibu da gaske. Aya ta 65 a Suratun Namli ta keɓe sanin gaibu ga Allah, aya ta 14 a Suratu Saba'i kuma ta nuna aljanu ba su ma san Annabi Sulaiman ya rasu ba sai da gara ta ci sandarsa. Kada kuma ki ƙawata sihiri har mai karatu ya ga nan ne mafita.

Shawarar ƙawarki ita ce matsala. Kwafo hatimi ko azima ko sunan rauhani daga littafin da ake aiki da shi koyar da sihiri ne, ko da an lulluɓe shi da labari. Aya ta 102 a Suratul Baƙara ta ce shaiɗanu ne suka kafirta, suna koya wa mutane sihiri. Buhari da Muslim sun ruwaito daga Abu Huraira cewa Manzon Allah (SAW) ya lissafa sihiri cikin abubuwa bakwai masu halakarwa, dab da shirka. Imam Nawawi ya ce koyonsa da koyar da shi haramun ne. Ki tuna inda labarinki zai je. Zai faɗa hannun matar da kishiya ta hana barci, da saurayin da aka hana aure. Cikin masu karatu wani zai ɗauki biro ya kwafe abin da kika sa ya gwada, ke kuma kina da kamasho a zunubin.

Wata za ta ce ai lissafi ne kawai. Akwai ƙamshin gaskiya a nan, sai dai bai kai ba. Hatimi mai gida tara, wanda aka jera 1 zuwa 9 kowane layi ya ba da 15, lissafi ne tsantsa, ɗan firamare ma yana iya shi. Abin da ke mayar da shi sihiri shi ne abin da ake rataya masa: a ce sai a sa'ar tauraro kaza za a rubuta, a turara kaza, a yi rantsuwa da sarkin aljanun wannan rana, a nemi sunan mahaifiyar wanda ake nufi, a shiga halwa a daina cin nama. Wasu littattafan har su ce a juya aya baibai ko a rubuta ta da jini, wannan kam kafirci ne ƙarara. Shi ya sa Ibn Khaldun a Muƙaddimarsa, da ya zo kan ilimin sirrin haruffa, ya ambaci Albuni, wanda ake jingina wa Shamsul Ma'arif, ya mayar da fannin cikin sihiri duk da ayoyi da sunayen Allah da ke cikinsa. Wannan cakuɗawar ce ke ruɗar mutane, su ga Bismillah a saman shafi su saki jiki.

Ba za mu ɓoye saɓani ba. Ibn Hajar a Fathul Bari ya kawo cewa wasu malamai sun yi rangwamen sanin sihiri don abu biyu: bambance wanda yake kafirci da wanda ba shi ba, ko warware shi daga wanda aka yi wa. A ƙasarmu ma Muhammad Alkashinawi, malamin Katsina da ya rasu a Alƙahira a 1741, ya yi rubutu a wannan fanni. To amma rangwamen na malamin da ya ƙoshi da aƙida ne, kuma don buƙata. Neman armashin labari ba ya cikin biyun nan.

Ga yadda za ki yi. Sunayen littattafan ɗakin da na mawallafansu ki ƙago su da kanki. Ki kwatanta wurin yadda kike so: ƙura, gafakar fata da gara ta ci, tawadar da ta koɗe, fitilar da ke neman mutuwa. In matsafi zai yi surkulle, ki ce ya yi surkulle, kada ki rubuta lafazin. Kada ma ki ƙago kalmomi masu kama da azima, don mai karatu ba zai bambance na gaske da na ƙarya ba, kuma kiran wanin Allah da sunan da ba a san ma'anarsa ba haramun ne ko daga ina sunan ya fito. Kada ki zana hatimi a bango ko a cikin shafi. Kada ki sa aya ko sunan Allah a bakin matsafi yana tsafi da su.

Littafin da ke wayarki ki goge shi, kada ki tura wa kowa, ki kuma yi wa ƙawarki nasiha cikin taushi. In na takarda ne, ba a sayarwa ba a kyautarwa. Tunda akwai ayoyi a ciki ba a jefa shi a bola, sai a ƙona a binne tokar a wuri mai tsarki, domin Sayyidina Usman ma, da ya haɗa mutane a kan mus'hafi ɗaya, ƙonawa ya yi da sauran mus'hafai, kamar yadda Buhari ya ruwaito. In kuwa tsohon kundin gado ne na rubutun hannu, kada a yi gaggawar cinna masa wuta, don sau da yawa akwai fiƙihu da tarihi da maganin gargajiya a haɗe a ciki. A kai wa malami amintacce ya tantance shi tukuna.

Allah ne mafi sani.