Kan maganar kuɗin jini da ka tambaye ni

Ɗana, saƙonka ya iso, ƙanwarka ta karanta mini har sau biyu. Wai motar haya ta buge maƙwabcinka mai shayi ta karya masa ƙafa, wasu na cewa a tafi kotu, wasu na cewa ɗan mutunci ba ya cin kuɗin jini, kai kuma kana son jin abin da al'ada ta ce. Na yi dariya, don tun da ka koma Kaduna ban ji ka nemi al'ada ba sai yau da maganar kuɗi ta shigo. Amma dariyar ba ta kai ciki ba.

A 1972, shekarar da aka koma tuƙin hannun dama, ina karen mota a wata gingimari mai jigilar gyaɗa zuwa Kano. Direbobi ba su gama sabawa ba, in abu ya taso ba shiri sai hannu ya koma inda ya saba. Da almuru, kusa da Kwanar Ɗangora, wani bawan Allah ya fito da jakinsa. Jakin ko ƙwarzane bai yi ba. Mutumin a kan tamfol ɗinmu ya cika, takalminsa ɗaya na taya yana yashe a tsakiyar titi. Direbanmu da ƙafarsa ya kai kansa caji ofis.

Ranar sadakar uku muka je ƙauyen, da mai motar da sarkin tasha, da buhun gero biyu, da goro, da fam ashirin a ƙulle cikin hankici. Wan mamacin ko kallon hankicin bai yi ba. Ya ce tsautsayi ba ya wuce ranarsa, sun yafe duniya da lahira. Har mun fara shafa fatiha, sai limamin garin, wani tsoho da idonsa ya yi yana, ya tambaya ko mamacin ya bar baya. Aka ce uku, babbar ba ta isa talla ba. Ya ce, “Malam, naka ka yafe, Allah ya ba da lada. Na marayun fa, wa ya ba ka?” Zauren ya yi tsit. Ya jawo ayar Suratun Nisa'i kan kisan kuskure, ya ce diyya raƙumi ɗari ce ko dinari dubu, dangin wanda ya yi kisan ke haɗa ta cikin shekara uku, kuma gado ce, rabawa ake yi. Direba kuwa azumin wata biyu a jere na kansa. Wa ke da raƙumi ɗari a cikinmu? Aka daidaita a kan hatsi duk kaka har yaran su tasa. Ni na riƙa sauke buhunan, kaka huɗu. Da na bar motar ban sake leƙa su ba, har yau abin yana ci na.

Kotu kuwa, mahaifina kan ce shari'a mace ce mai ciki. Ƙarar da 'yan sanda ke kaiwa ta tuƙin ganganci ce, horon direba take nema. Mai neman a biya shi asararsa yakan shigar da tasa daban, ya haɗa da mai motar, ya kawo rahoton 'yan sanda da takardar likita da rasit na kowane magani, sannan ya yi haƙurin ɗage zama. A wajen alƙalin Musulunci ƙafar da ta salwanta rabin diyya ce, karayar da ta bar ɗingishi kuwa shi ke kimantawa. Ga inshorar dole mai biyan wanda aka buge, wadda tun 2023 ta koma naira 15,000 ga ƙaramar motar gida, amma ku 'yan yanzu don ɗan sandan hanya kawai kuke yankar ta, wani ma ta bogi yake saya a bakin ofis. In abu ya faru kuma kowa waya zai zaro ya hau ɗaukar hoto, mai rauni na kwance.

Su masu cewa a yafe, akwai wanda ya kai gidan mai shayin ko mudun shinkafa tun da teburinsa ya tsaya? 'Ya'yansa nawa? Mai motar ya leƙa asibiti, ko sai direban? Ka bincika min waɗannan, ka ce wa matar mai shayin kada ta yar da rasit ko ɗaya. In ka zo Juma'a ka taho min da man zafin nan, gwiwar ta motsa.